Nasiruddin Dinet: Baƙon da Ya Zo Kallo, Ya Zama Ɗan Gida

A wannan fitowa za mu kawo muku tarihin wani Bafaranshe, mai zane kuma marubuci, domin akwai abin lura a cikinsa ga iyaye da 'ya'yanmu masu karatun boko.

An haifi Étienne Dinet a birnin Paris a shekarar 1861, a gidan masu hali, ya kuma koyi zane a manyan makarantun birnin. A 1884 ya fara taka ƙasar Aljeriya, wadda a lokacin take ƙarƙashin mulkin Faransa. Masu zane da yawa sun riga shi zuwa. Sukan kalli raƙuma da rawuna, su zana, su koma gida. Shi kuwa sai ya zauna ya koyi Larabci, ya riƙi Sulaiman bin Ibrahim aboki kuma malami har kusan shekara 40, daga bisani ya sayi gida a garin Bu Sa'ada.

Ba za mu ɓoye muku ba, cikin zane-zanensa akwai na 'yan mata waɗanda Musulmi ba zai rataya a ɗakinsa ba, kuma maganar malamai a kan zanen mai rai sananniya ce. Amma akwai kuma na masu salla, da masu duban wata, da yara masu wasa. Tare da Sulaiman ya rubuta ƙagaggen labari mai suna Khadra, a 1910, a kan rayuwar wata 'yar rawa. Zama da mutane da jin harshensu ya kai shi ga abin da ido kaɗai ba ya gani. A 1913 ya bayyana Musuluncinsa, ya ɗauki suna Nasiruddin.

A 1918 su biyun suka wallafa tarihin Manzon Allah (SAW) da Faransanci, suka sadaukar da shi ga sojojin Musulmi da suka rasu a Yaƙin Duniya na Farko. Dinet ya ƙawata littafin da zanensa, amma bai siffanta Annabi ba. Shehu Abdulhalim Mahmud, wanda daga baya ya shugabanci Azhar, yana cikin waɗanda suka mayar da shi Larabci. A 1929, yana da shekara 68, ya sauke farali. A watan Disamba na wannan shekara Allah ya yi masa rasuwa a Paris. Aka sallace shi a Babban Masallacin birnin, aka kai shi Bu Sa'ada aka binne, kamar yadda ya so.

Da yawa daga cikinmu muna fargabar Faransancin da yaranmu ke koyo zai raba su da addini. To, ga wanda aka haifa cikin harshen, kuma da harshen ya yi wa Annabi hidima. Abin da ya taimake shi, bayan shiriyar Allah, shi ne abokin kirki da haƙurin neman sani. Saboda haka mu riƙa tambayar da wa yaranmu ke zama, kamar yadda muke tambayar abin da suke karantawa. Kuma kada mu yanke ƙauna daga baƙon da ya zauna kusa da mu: kusan shekara 30 Dinet ya yi tsakanin zuwansa da bayyana shahadarsa.

Allah ya jiƙansa, ya sa mu cika da imani. Sai mun haɗu a fitowa ta gaba.