Kwaɗo ma'aikacin fadama ne, a daina kashe shi

A Gwandu da Kalgo, kamar sauran ƙasar Kabi, an daɗe da yanke wa kwaɗo hukunci: ƙazami ne, kukansa na hana barci, kududdufin da yake ciki kuma gidan sauro ne, sai a cike shi da shara ko a watsa masa magani. Yara na jifansa, manya na kallo, ba mai tsawatarwa. Wannan ra'ayi kuskure ne mai tsada ga jihar da ke taƙama da shinkafa, wadda kuma a 2021 ta kasance gaban kowace jiha a Najeriya wajen zazzaɓin cizon sauro. Binciken ƙasa na 2021 ya tarar da ƙwayar cutar a jinin kashi 49 cikin ɗari na ƙananan yaran Kebbi.

Da rani kwaɗo na laɓe a laka da ramuka. Ruwan farko na sauka sai ya fito, ya zuba ƙwai, cikin 'yan makonni 'ya'yansa masu wutsiya su yi ƙafa su hau tudu. Daga nan aikinsa farauta: fara, tsutsa, ƙwarin da ke cin ganyen shuka, duk dare, ba ladan ko sisi. 'Ya'yan burduddugi, babban kwaɗon fadama, tun suna cikin ruwa suke cin nama, har da tsutsar sauro. Shi kansa abinci ne ga shamuwa da zalɓe da tarwaɗa.

Za a ce ai sauro a ruwa yake haihuwa. Haka ne, amma a wane ruwa? Sauron zazzaɓi ya fi son ɗan ruwan da rana ke duka, wanda ba maƙiyinsa a ciki: sawun shanu, shatin taya, ramin da aka haƙa don bulo aka bari. Tsohon kududdufi cike yake da masu cin tsutsarsa. Idan aka zuba guba, duka suke mutuwa, amma sauro ke riga kowa dawowa, domin kwana goma zuwa mako biyu sun ishe shi daga ƙwai zuwa tashi, kwaɗo kuwa sai wata damina. An ga irin wannan a Kosta Rika da Panama. Wata cutar fata ta hallaka kwaɗi masu yawa a can tun daga shekarun 1980, kuma binciken da aka buga a 2022 ya nuna zazzaɓin cizon sauro ya ƙaru na wasu shekaru a yankunan da suka ɓace.

Abin da ya fi damuna shi ne feshi. Tun da aka ƙaddamar da shirin bashin manoman shinkafa na Babban Bankin Najeriya a Birnin Kebbi a Nuwamba 2015, noman rani ya bunƙasa, kuma alheri ne. Sai dai maganin ciyawa da na ƙwari sun biyo shi, ana gama feshi a wanke injin a ruwan da ya fi kusa, a jefar da kwalbar nan. Kwaɗo da fatarsa yake shan ruwa, da ita yake wani ɓangare na numfashinsa, don haka duk abin da aka zuba, jikinsa yake shiga kai tsaye. Masanin Amurka Tyrone Hayes ya nuna tun 2002 cewa ɗan kaɗan na atirazin, maganin ciyawar da ake fesa wa masara da dawa, na lalata halittar haihuwar namijin kwaɗo. Tarayyar Turai ta janye izinin maganin a 2004. Ruwan da ke yi wa kwaɗo haka, shi ne shanunmu ke sha, a cikinsa yaranmu ke iyo.

Akwai kuma fatauci. Wani bincike na 2010 ya ƙiyasta cewa 'yan kasuwa 32 kacal na safarar busassun kwaɗi sama da miliyan 2.7 a shekara zuwa kasuwannin kudu maso yamma, masu kamun har Malanbil ta Binin suke kaiwa, ƙetaren kogin Kwara daga Gaya, maƙwabciyar Kamba. Ba na zagin talakan da ke neman na tuwo. Amma wanda ya kwashe iyaye kafin su zuba ƙwai ya cinye irin shukarsa.

A jihar Kansas ta Amurka akwai wani ɗan'uwan kwaɗo mai wutsiya, salamanda mai ratsin rawaya da baƙi, da ke kwana a rami sai ruwa ya sauka ya nufi tafkin da ba kifi don haihuwa. 'Yan firamare suka matsa wa majalisa har ta mai da shi alamar jiha a 1994. Mu da muke da hujjar da ta fi tasu ƙarfi, mun yi sakaci. Abu Dawuda da Nasa'i sun ruwaito cewa wani mai magani ya tambayi Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, kan sa kwaɗo a haɗin magani, sai ya hana kashe shi. A Gwandu, garin Malam Abdullahi ɗan Fodiyo, bai kamata a bar yaro na jifan abin da aka hana kashewa ba.

Mutanen Argungu sun san amfanin hana kamun kifi a Matan Fada har lokacin biki. Hakimai da sarakunan ruwa da na noma a Gwandu da Kalgo su yi koyi: a hana kamun kwaɗi a farkon damina, a hana wanke injin feshi a tafki, a cike ramukan bulo a bar tsofaffin kududdufai. Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi kuma, da ke nan gefen Kalgo, ta tura ɗalibanta fadama su ƙirga irin kwaɗin da suka rage mana.