Dabbar salula da jar akuya

Yara, a shekarar 1996 wani kamfanin ƙasar Japan mai suna Bandai ya ƙera wani ɗan abin wasa, ana ce masa Tamagotchi. Siffar ƙwai gare shi. A cikinsa akwai hoton wata ƴar dabba. In an manta da ba ta abinci, sai ta mutu.

A shekarar 2023 kuma kamfanin Niantic na Amurka ya fito da wasan Peridot a cikin salula. Mai wasa ya ɗaga salula, ta ɗauki hoton tsakar gidansu, sai ya ga dabba tana tsalle a gaban rumbu kamar da gaske. Ya shafa ta, ya jefa mata ƙwallo. Da ya sauke salula, ba kome a wurin sai rairayi.

Wasu suna cewa irin wannan wasa yana koya wa yaro kula da dabba. Akwai gaskiya a maganarsu, musamman ga ɗan babban birni wanda ba shi da wurin kafa turke. Amma a ganina yaron Kanan-Bakashe yana da abin da ya fi wannan: jar akuyar Maraɗi.

Akuyar nan takan ɗauki ciki wata 5, sau da yawa kuma tagwaye take haifa. Tana ba da nono. Fatarta ta yi suna har ƙasashen Turai. Yarinyar da ta riƙe akuya guda da kyau, wata rana za ta iya sayar da ɗan bunsuru ta sayi littafi da takalma. Dabbar salula fa? Ita kuɗi take ci: na cajin batir da na intanet.

Akwai wani bambanci kuma. Dabbar wasa ba ta jin yunwa. Akuya kuwa tana ji. In ka bar ta a turke ba ruwa, ba harawa, ba dusa, za ta rame, ɗanta ya rasa nono.

Ban ce wasa laifi ba ne. Amma a fara shayar da akuya, a share turke, a yi karatu. In lokaci ya rage, sai a taɓa salula.

Tambayoyi
1. Wata nawa akuya take yi da ciki?
2. Me dabbar salula take ci?
3. Wace dabba kake kiwo a gidanku?