Togo: Me ya sa intanet ke nauyi da daddare a Sokode da Dapaong?

A watan Maris na 2022 ne kebul ɗin ƙarƙashin teku na kamfanin Google mai suna Equiano ya fito gaɓar Lome, a kan hanyarsa daga Fotugal zuwa Afirka ta Kudu. Kafin nan, a Nuwamban 2020, kamfanin Togocom, wanda yanzu ake kira Yas, ya ƙaddamar da 5G. A takarda dai, ƙasa mai mutum miliyan 8 da 'yan kai ta samu abin da zai ishe ta. Sai dai ɗan kasuwar zangon Sokode da mai shagon tura kuɗi a Dapaong ba takarda suke dubawa ba. Abin da suka sani shi ne, saƙon muryar da ke tafiya nan take da asuba, bayan sallar isha'i sai ya tsaya yana ta juyi. Masu cewa rezo ya yi nauyi da masu cewa sabis ya yi rauni, duk abu ɗaya suke kuka da shi.

Bayanin da aka fi ji shi ne nisa. Sokode na da tazarar kimanin kilomita 340 daga Lome, Dapaong kuwa ta haura 600. Amma haske na gudun kusan kilomita 200,000 a daƙiƙa ɗaya cikin zaren gilashin da ke ɗauke da bayanai, wato daga Lome zuwa Dapaong kashi 3 cikin 1,000 ne na daƙiƙa. Ƙiftawar ido ta fi haka daɗewa nesa ba kusa ba. Mafi yawan lokacin da saƙo ke ɓatawa, a tsaye yake ɓata shi, yana bin layi.

Hoto ko murya ba sa tafiya a dunƙule. Waya na yayyanka su ƙananan ƙunshi, kowane ƙunshi ya bi ta eriyar unguwa, daga nan ya ratsa na'urori da dama kafin ya isa. A kowace na'ura, idan ya tarar ana aikin wani, jira zai yi. Wannan jiran yana da lissafinsa, kuma lissafin ya girmi intanet. Wani masani ɗan ƙasar Danmak, Agner Krarup Erlang, da ke aiki a kamfanin tarho na birnin Kopenhagen, shi ya aza tubalinsa a 1909 da 1917, lokacin da yake neman sanin layuka nawa za su ishi gari. A farkon shekarun 1960 Leonard Kleinrock na Amurka ya ɗora lissafin a kan saƙonnin kwamfuta, kuma daga ɗakin bincikensa a jami'ar UCLA aka aika saƙon farko na ARPANET, kakar intanet, ranar 29 ga Oktoban 1969.

Wanda ya taɓa kai niƙa zai gane abin da suka gano. A ce injin na niƙe kwano ɗaya a minti ɗaya in an daidaita manya da ƙanana, wato 60 a awa, kuma masu kawo niƙa na zuwa ne yadda ta kama, ba da alƙawari ba. In mutum 30 ke zuwa a awa, kowa zai kashe kimanin minti 2 daga zuwansa zuwa tafiyarsa. In sun kai 48, minti 5. In sun kai 54, minti 10. In sun kai 57, minti 20. A lura, har yanzu injin bai cika ba, mai injin zai iya rantsuwa cewa yana da sauran ƙarfi, kuma gaskiya ya faɗa. Amma ƙarin mutum uku kacal daga 54 zuwa 57 ya ninka jiran kowa. Shi ya sa rezo ke lalacewa kamar an yi ruwa an ɗauke: da ƙarfe shida lafiya lau, da ƙarfe tara kamar ba shi ba. Hanyar da aka cika zuwa kashi 90 cikin 100, a idon mai lissafin kuɗi hanya ce da ake mora sosai, a idon injiniya kuwa tana bakin rami.

Akwai wani ɓangaren lissafin da ya fi shafar arewacin Togo kai tsaye, kuma ba a cika faɗarsa ba. A jadawalin Erlang, idan ana so kira 2 kawai cikin 100 su tarar da layi a cike, cibiya mai layuka 100 za ta iya ɗaukar matsakaicin kira kusan 88 a lokaci guda. Cibiya mai layuka 10 kuwa kusan 5 kawai za ta ɗauka. Babba na barin kashi 12 cikin 100 na ƙarfinta a matsayin rara, ƙarama dole ta bar rabi. Dalili shi ne, a taro mai yawa, sa'ad da wasu suka danno wasu sun tashi, abin ya daidaita kansa. A ƙaramin gari, biki ɗaya ko ranar kasuwa ɗaya ta isa ta toshe komai. Bayanan intanet sun bambanta da kiran tarho, amma Kleinrock ya nuna ƙa'idar na nan: babbar hanya ɗaya da kowa ke bi ta fi ƙananan hanyoyi da yawa da aka rarraba saurin sallamar jama'a.

Ma'anar wannan a aljihun kamfani a fili take. Ba wa mutumin Mango, Cinkasse ko Tchamba sabis irin na mutumin Lome ya fi tsada a kan kowane mai layi, kuma kuɗin da ake samu a can bai kai na babban birni ba. Kamfanin da aka bari da son ransa zai cika hanyoyin arewa har wuya kafin ya faɗaɗa su. Ba sai an kawo zancen ƙiyayya ko ƙabilanci ba, lissafin riba kaɗai ya isa ya kai shi can. Sakamakon dai ɗaya ne ga wanda ke jiran kuɗin kaya daga Kumasi ko kiran 'yarsa daga Maraɗi.

Yankin Savanes na da ƙarin nauyi. Tun bayan harin Kpekpakandi na watan Mayun 2022, inda aka kashe sojoji 8, da dokar ta-ɓacin tsaro da aka kafa a watan Yunin shekarar, mutane da dama sun baro ƙauyukan kan iyaka, wasu kuma sun tsallako daga Burkina Faso. Kowa ya taho da wayarsa. Eriyar da aka kafa bisa ƙidayar jiya ce ke ɗaukar jama'ar yau, kuma a nan saƙon da ya makale kan iya zama gargaɗi ne ko neman agaji.

Haka batun hanya ta biyu. Ranar 14 ga Maris na 2024 kebul huɗu, WACS da MainOne da SAT-3 da ACE, suka lalace a tekun Afirka ta Yamma, ƙasashe da dama suka shiga duhu. Equiano ba ya cikinsu. Darasin ya shafi cikin ƙasa ma, musamman ƙasa doguwa siririya kamar Togo wadda manyan garuruwanta ke jere a kan titi ɗaya. In hanyoyi biyu na ɗauke da kashi 45 kowacce, ɗaya ta tsinke, ta biyun za ta koma kashi 90: za a sha wuya amma za a wuce. In kowacce na ɗauke da 60, sai ya zama 120, layin da ba zai daina tsawo ba.

Ba kowace dabara ce ke magani ba. Ƙara wa na'ura wurin ajiye ƙunshin da ke jira tamkar faɗaɗa rumfar masu jiran niƙa ne, injin bai ƙara sauri ba, jiran ne ya ƙara tsawo. Abin da ya fi amfani shi ne abin da kowane mai injin kirki ke yi: ya sallami yarinya mai ɗan kwano kafin mai buhu. Ƙunshin kiran murya ƙanana ne kuma ba sa jure jira, mai sauke bidiyo kuwa ba zai ma lura da jinkirin rabin daƙiƙa ba.

Hukumar ARCEP mai sa ido kan sadarwa ta nuna tana da haƙora. A 2021 ta ci Moov Africa tarar kusan sefa miliyan 600, a 2022 kuma ta ci Togo Cellulaire sama da biliyan 2, duk kan katsewar sabis. Amma katsewa abu ne da kowa ke gani. Cunkoso ya fi iya ɓuya, domin in an haɗa ƙarfe ukun dare da ƙarfe taran dare aka raba biyu, sai a samu adadi mai kyan gani wanda babu wanda ya taɓa rayuwa a cikinsa. Duk rahoton ingancin sabis da aka fitar, tambayoyin da suka dace su ne: a wane gari aka auna, da ƙarfe nawa, kuma an auna jinkiri ko gudu kawai? Bayyana irin wannan awo gari-gari na da wani amfanin. Mutanen Sokode ba su manta Satumban 2017 ba, lokacin da aka katse intanet ana tsakiyar zanga-zanga, matakin da kotun ECOWAS ta ce ya saɓa doka a Yunin 2020. Inda aka taɓa yin haka, duk wani nauyin rezo na jawo zargi, kuma alƙaluma ne kawai za su bambance cunkoso da hannun mutum.

Inda ya kamata a zuba ido yanzu shi ne kamfanin CSquared Woezon, haɗin gwiwar gwamnati da CSquared, wanda aka danƙa wa Equiano tare da zaren gilashin e-Gouv da na hukumar lantarki ta CEB, domin ya sayar wa sauran kamfanoni a sari. In Yas da Moov da ƙananan masu ba da intanet za su iya hawa babbar hanya ɗaya zuwa Kara da Dapaong a farashi mai sauƙi, ban da nasu hanyoyin, rarar da kowannensu zai ajiye shi kaɗai za ta ragu. Farashin sari a Dapaong, idan aka kwatanta shi da na Lome, shi zai nuna ko hakan na faruwa.