MU ƘARU DA JUNA: Agogon ƙasar da lokaci ya karkace

A wannan wata zancenmu a kan agogo yake, amma ba irin wanda ake saye a kasuwa ba.

A shekara ta 2014 an yi wani fim a Amurka mai suna Interstellar. Labarin ƙirƙira ne, kamar tatsuniya. Wani manomi ne mai suna Kufa, wanda a da matuƙin jirgi ne. Gonaki suna mutuwa, ƙura ta rufe ƙasa. Sai aka aike shi sararin sama ya nemo wa mutane sabon mazauni. Kafin ya tashi ya ba ɗiyarsa agogo ɗaya, shi ma ya riƙe ɗaya. Ya ce in ya komo za su gwada su gani.

Matafiyan suka sauka wata duniya da ruwa ya rufe. Tana kusa da wani abu mai tsananin nauyi, wanda masana ke kira baƙin rami. A can awa 1 daidai take da shekara 7 a gida. Suka yi awa 3 da ƴan kai. Da suka koma babban jirginsu, suka tarar abokinsu ya yi shekara 23 yana jiran su. A ƙarshen labarin, uban ya iske ɗiyarsa ta zama tsohuwa tukuf, shi kuwa yana nan da ƙarfinsa.

To, mu yi lissafi. Shekara 7 kwana 2.555 ke nan. In muka raba su gida 60, kowane minti ɗaya ya zama kwana 42 da ɗan kai. Geron da ke nuna cikin kwana 90, a can minti 2 ya kusa isar sa. Kafin mutum ya shanye ƙwaryar fura, an yi shuka, an yi noma da maimai, an kai damma rumbu.

Wane irin agogo ya kamaci mai zuwa irin wannan ƙasa? Babu shi a duniya, amma muna iya ƙera shi a tunani. Sai ya zama mai fuska biyu. Fuska ta fari tana nuna awa da minti na mai ɗauke da shi. Ta biyu tana nuna lokacin gida. A maimakon lambobi, an raba ta huɗu: rani, bazara, damina, kaka. Hannunta yana kewaye shekara guda cikin minti 8 da rabi. Duk sa'ad da ya wuce damina sai ƙararrawa ta buga, don matafiyi ya san an yi wani girbi ba da shi ba.

Ga inda wuyar take. Mutumin da ke can ba ya jin kome ya sake. Zuciyarsa tana bugawa yadda ta saba. Yunwa tana kama shi a kan kari. Shi da agogonsa tare lokaci ya ja musu baya. Saboda haka fuska ta biyu ba ta iya sanin lokacin gida da kanta. Dole sai an saita ta da lissafi, ko kuma saƙo ya riƙa zuwa daga gida.

Kada ku ce duk zancen tatsuniya ne. Akwai gaskiya a gindinsa. Wani masani haifaffen Jamus, Albat Ainstain, ya bayyana a 1905 cewa gudu mai tsanani yana rage tafiyar agogo. Daga baya ya ƙara da cewa kusantar abu mai nauyi ma yana rage ta. A 1971 wasu masana biyu na Amurka suka ɗora agoguna masu tsananin daidaito cikin jiragen sama na fasinja, suka kewaya duniya da su. Da suka komo suka gwada su da waɗanda aka bari a ƙasa, sai suka ga sun saɓa, kamar yadda lissafi ya faɗa.

Wayar salula da ke nuna wa mutum inda yake, da taurarin ɗan Adam na GPS take aiki. Suna sama da mu da kilomita wajen 20.000, kowane da agogonsa. Ku raba sakan ɗaya gida miliyan. Gudun da tauraron ke yi yana rage wa agogonsa kashi 7 kowace rana. Nisansa da ƙasa kuma yana ƙara masa kashi 45. In an ɗebe 7 daga 45, saura 38. Sai an yi shekara wajen 72 kafin wannan ya taru ya cika sakan ɗaya. Ƙanƙane ne ƙwarai. Amma da an ƙyale shi, da wayar ta riƙa ɓata da kilomita wajen 10 kowace rana. Shi ya sa tun kafin a harba taurarin ake rage saurin agogonsu kaɗan.

Mu dai ba za mu je bakin baƙin rami ba. Amma ɗan ci-rani ya san wani abu mai kama da haka. Ya ce wata uku zai yi, sai ga damina uku ta wuce. A ganinsa jiya ya bar gida. A gida kuwa yaron da ya bari a goye ya fara kiwon awaki, gona ta yi saura, tsohuwa ta rasu ba su gana ba. Kwanakin da yake ƙidaya da waɗanda iyalinsa ke ƙidaya ba nauyinsu ɗaya ba. Wanda ya yi nisa, ya riƙa neman labarin gida, ya kuma yanke wa kansa ranar komowa.

Ga tambayar wannan wata. Wani ya sauka waccan duniya ta ruwa da ƙarfe 8 na safe, ya tashi da ƙarfe 12 na rana. Ya bar ɗansa a gida yana da shekara 5. Shekarun ɗan nawa ne sa'ad da uban ya tashi? Ku yi lissafin tare, ku aiko mana da amsa.

Sai wata mai zuwa, in Allah ya kai mu.