Samanja ya rasu, ina kaset ɗinsa?

1/ Duk mai cewa wasan Hausa da Kannywood ya fara, ya matso kusa, da shi nake. Haba jama'a.

2/ Usman Baba Pategi, wato Samanja Mazan Fama. Banufe ne, ɗan gidan sarautar Pategi, an haife shi a 1942. Ya yi soja, ya ga yaƙin basasa, ya yi aiki a gidan rediyon Kaduna. Ya rasu a Kaduna a Nuwamban 2023.

3/ Ku duba abin da ya yi. Sojoji ke mulkin ƙasa, mutum ya hango kaki sai gabansa ya faɗi. Shi kuwa ya ɗauko samanjan bariki, da Hausarsa ta bariki mai gauraye da Turanci, da tsawa da fankama, ya mai da shi abin dariya a gaban kowa. Har sojojin suna kallo suna dariya. Yau waye a TikTok zai iya wannan? Ku faɗa min suna ɗaya.

4/ Ku tambayi iyayenku a Funtuwa, Bakori, Ɗanja ko Malumfashi yadda unguwa guda ke cika gidan mai talabijin ɗaya, an dawo daga gonar auduga ko wanka ba a yi ba.

5/ To yanzu ku nemi Samanja a YouTube. 'Yan guntaye, hoto dishi-dishi. Haka Kasimu Yero na Karambana, da ya rasu a 2017.

6/ Jamus ma ta yi irin wannan bayan nata yaƙin. A 1956 Heinz Rühmann ya fito a fim ɗin wani mai gyaran takalmi da ya sa kakin kyaftin, gari guda ya rusuna masa. Rühmann ba waliyyi ba ne, ya yi finafinai a zamanin Hitler, kuma Jamusawa na cacar baki a kan hakan. Amma suna da abin da za su kalla su yi gardamar a kansa. An adana.

7/ Abin da ya fi ƙona min rai: fim ɗin Shaihu Umar na 1976, na Adamu Halilu, daga littafin Tafawa Ɓalewa, ya daɗe a yashe. Sai da cibiyar Arsenal ta Balin ta gyara shi, aka nuna shi a bikin finafinan Balin a 2018. Fim ɗin Hausa fa!

8/ Kar wani ya ce min babu kuɗi. Kwafe tsohon kaset zuwa kwamfuta bai kai kuɗin tayoyin motar ɗan majalisa ba. Kaset kuwa ba ya jira, zafi da damshi na cinye shi.

9/ NTA Kaduna, Rediyon Tarayya Kaduna, Hukumar Finafinai ta Jos: wasanni nawa na Samanja suka rage a ɗakin ajiyarku? Ku fito da lissafi. In kuma akwai tsohon kaset a akwatin babanka, kar ka bari a kai shi bola, yi min magana a nan ƙasa.