Wa Ya Kamata Ya Kame Harshensa?

Duk wanda ya taɓa tsayawa a kasuwar kara ta Maigatari ranar Alhamis, ya kasa kunne ga yadda ake cinikin sa ko raƙumi tsakanin makiyayin da ya gangaro daga ƙasar Damagaram da falken da zai yi lodi zuwa Kudu, ya san mutanen wannan yanki suna da wani ilimi na sarrafa harshe wanda ba a allo aka rubuta musu shi ba. Mai saye yakan taya da abin da shi kansa ya san bai kama ƙafar kuɗin dabbar ba, alhali mai ita ya yi kwanaki a hanya yana korarta cikin rana da ƙura, amma ba za ka ji ya ce an raina shi ba, iyakar abin da zai fito daga bakinsa shi ne "albarka", sa'an nan ya kau da kai. Dillali ya ja wannan gefe ya yi masa raɗa, ya koma ya ja wancan, ya haɗiye zafin da ya ji daga bakin kowannensu ya isar da adadin kuɗi kaɗai, har a kai ga "na sallama", a biya la'ada, a rabu ana yi wa juna fatan riba. Dukiya mai yawa ke sauya hannu a wannan fili kowane mako, tsakanin mutanen da harshensu na gida ma ba ɗaya ba ne, kuma abin da ya riƙe cinikin shi ne maganar da kowa ya iya ya bari a cikinsa.

Wannan hali muna da sunaye da yawa da muke kiransa da su, gwargwadon inda ya faɗo: kawaici, da kara, da alkunya, da kau da kai. Shi ne ya hana uwa ambaton sunan ɗanta na fari, ya hana mace kiran mijinta da sunan yanka, ya sa idan aka yi mutuwa mai kai saƙo ya fara da cewa jikin wane ya yi tsanani kafin ya kai ga faɗin an yi rasuwa. Musulunci kuwa ya zo ya tarar da shi, ya gyara shi, ya ba shi hujja. Ɗalibin da ya buɗe Ahalari a zauren malaminsa, tun kafin ya isa ga babin tsarki sai ya ci karo da wajibcin tsare harshe daga alfasha da mummunar magana da wulaƙanta Musulmi; idan ya kai ga Arba'una ta Imamu Nawawi, hadisi na 15 ya ɗaura imani da zaɓi tsakanin faɗin alheri da yin shiru; idan Allah ya ja kwanansa har ya karanta Ihya'u ta Imamu Gazali, wanda ya rasu a 1111, zai samu an ware littafi guda ga illolin harshe, an lissafa su har 20, tun daga magana a kan abin da bai shafe ka ba har zuwa giba da annamimanci da yabon da ya wuce kima. Tun kafin Gazali ma, Ibnu Abid Dunya na Bagadaza ya tara littafi sukutum a kan shiru da ladubban harshe.

A ganina ƙasar Gumel ta sami ƙarin darasi a kan wannan daga tarihinta. Masarauta ce ƙarama ta Mangawa wadda aka kafa wajen 1750, ta zauna ƙarƙashin inuwar Barno ba ta shiga daular Sakkwato ba, ga Kano ta wannan gefe, ga Haɗejiya ta wancan, ga Damagaram daga arewa, kowacce ta fi ta yawan dawaki. Kuma lokacin da matafiyin nan Bajamushe Heinrich Barth ya ratsa ta a 1851, a ƙarshen zamanin Sarki Ɗan Tanoma, ya same ta matattarar fataken kanwa. Mutanen da ke zaune tsakanin manya irin haka, suna ciniki da wanda suka yi yaƙi da shi bara, dole su koyi auna magana kafin su sake ta. Ko a saman al'amarin haka abin yake, domin Shehu Muhammadu al-Amin al-Kanemi na Barno da Muhammadu Bello na Sakkwato, duk da jinin da ya zuba tsakanin rundunoninsu, sun yi muhawara ta wasiƙu a kan halaccin yaƙin, kowannensu yana kawo aya da hadisi, har Bello ya adana hujjojin abokin jayayyarsa cikin Infaƙul Maisuri maimakon ya binne su. Ga mutane biyu masu iko, masu takobi, waɗanda suka ga ya wajaba su tsaya su kafa hujja.

To, a nan ne damuwata take, kuma ita ce dalilin wannan rubutu. Falalar kame harshe tana ga wanda yake da ikon ya faɗa amma ya zaɓi ya bari. Shi ne ya yi mujahada da ransa, shi ne ya cancanci yabo. Wanda kuwa ya yi shiru domin ba a ba shi fili ba, ko domin tsoro, ko domin an tarbiyyantar da shi a kan cewa buɗe baki gaban manya rashin kunya ne, shirunsa ba falala ba ce da za mu yi ado da ita, amana ce a wuyan wanda ya fi shi ƙarfi. Abin da nake gani a garuruwanmu shi ne mun juya al'amarin: mun ɗora nauyin shiru a kan raunana, mun kwance wa masu ƙarfi linzami, sa'an nan muka riƙa karanta shirun raunanan a matsayin yarda.

Mu fara da budurwa, tun da a kanta aka fi kafa hujja. Kowa ya haddace cewa shirun budurwa shi ne izininta, kuma haka yake a hadisi. Amma malaman fiƙihu ba su bar maganar a nan ba. A Muhtasar na Shehu Halilu, wanda alƙalanmu suka daɗe suna hukunci da shi, an so a sanar da yarinya tun farko cewa idan ta yi shiru za a ɗauka ta yarda, kuma idan ta ƙi ko ta nuna ƙyama waliyyin da ba shi da ikon tilastawa ba zai aurar da ita ba. Na san mazhabarmu ta Malikiyya ta ba uba ikon ijbari a kan 'yarsa budurwa, sai dai malaman da suka ba shi sun ƙulla shi da sharaɗin rashin cutarwa, kuma ƙissar Hansa'u 'yar Hizamu tana cikin Muwaɗɗa da Buhari, wadda ubanta ya aurar da ita tana bazawara ba da sonta ba, ta kai ƙara, Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya warware auren. Akwai kuma ƙa'idar da ake dangantawa ga Imamu Shafi'i, cewa asali ba a jingina wa wanda ya yi shiru maganar da bai furta ba. Yanzu a duba yadda muke yi: a kira yarinya gaban ubanta da baffanninta, ta durƙusa kanta a ƙasa tana wasa da bakin mayafi, a faɗa mata sunan wanda aka zaɓa, a ce "ke muke saurare", alhali tun tana goye aka koya mata cewa a irin wannan zama ba a ɗaga ido. Ta yi shiru, a shafa fatiha. Bayan wata kaɗan sai ga yaji, sai ga gudu, sai ga shari'a gaban alƙali, mu kuwa mu ce yaran zamani ba su da kunya, alhali kunyar ce ta kai ta inda take.

Abin ya fi muni idan ta sami ciki na fari. Al'ada ta ce ba ta ambatonsa, ba ta tambaya a kansa, idan ta je goyon ciki gidan iyayenta ta fara jin ciwo sai ta cije, domin kuka a naƙudar fari abin gori ne da za a daɗe ana yi mata. Ta kwana tana juyi ita kaɗai a ɗaki, uwarta ma alkunya ta hana ta shiga, sai kaka ko ungozoma ta lura bayan al'amari ya yi nisa, sa'an nan a jira izinin miji, sa'an nan a nemi mota daga ƙauyen da ke bayan Sule Tankarkar ko Gagarawa. Doguwar naƙuda ita ce babban sanadin yoyon fitsari, domin kan jariri yakan daɗe yana danne da mafitsara har naman wurin ya mutu ya huje, sau da yawa kuma jaririn ba ya zuwa da rai. A nan Jihar Jigawa, a babban asibitin Jahun, ƙungiyar likitocin nan ta ƙasa da ƙasa da ake kira MSF tana karɓar haihuwa mai wuya tana ɗinke masu wannan lalura tun 2008. Talauci da nisan asibiti da ƙarancin ma'aikata duk suna da hannu a ciki, ban musa ba. Amma akwai sa'o'in da ake asara tun kafin a fita daga gida, kuma waɗannan sa'o'i tarbiyyarmu ce ta ci su. Ba na tsammanin akwai malamin da zai ce shari'a ta nemi mace ta ɓoye ciwon da zai halaka ta da abin da ke cikinta, tun da kiyaye rai yana cikin manyan manufofinta.

Ko mazanmu ma, a tambayi mara lafiya ya jiki, ya ce "da sauƙi" yana numfashi da ƙyar. Ga mai gaisuwa amsa ce kyakkyawa, godiya ce ga Allah. Ga likita kuwa ɓata masa hanya ce, kuma ya kamata ma'aikatan lafiya su san cewa bayan "da sauƙi" ne tambaya take farawa.

Haka talaka yake gaban hukuma. Lokacin da gwamnatin jiha ta ware hekta 12,000 a yankin Gagarawa da maƙwabtansa domin wani kamfani ya noma rake, manoma da yawa sun koka a kan gonakin gado da kuma diyya, har maganar ta kai jaridu. Ba ina yanke hukunci a kan amfanin aikin ba ne, domin jiharmu, tun da aka cire ta daga Kano a 1991, tana bukatar masana'antu, kuma dokar filaye ta 1978 ta danƙa ƙasa a hannun gwamna bisa amana. Abin da nake cewa shi ne, duk jami'in da ya tara manoma a ƙofar gidan dagaci, ya yi jawabi, ya ji sun amsa da "to, ranka ya daɗe", ya koma ofis ya rubuta cewa jama'a sun amince, to ko dai bai san mutanensa ba ko kuwa ya san su ya ci amanar ladabinsu. Bahaushe ya ce shiru ma magana ce, amma bai ce kullum ma'anarta na yarda ba. Malamai sun rarrabe tsakanin mudara, watau tausasa lafazi domin a gyara al'amari, da mudahana, watau rufe baki a kan ɓarna domin neman abin duniya. Dagacin da ya san zuciyar mutanensa ya ƙi isar da ita sama don kada rawaninsa ya girgiza, ya auna da kansa a wanne ɓangare yake.

Su kuwa masu ƙarfi, waɗanda kalmarsu ɗaya ke iya tada gari, su ne harshensu ya fi sakewa. Ɗan siyasa ya ɗauki sojojin baka ya saya musu fili a rediyo su kwana suna tona asirin abokin hamayya har iyayensa. Mai wa'azi ya hau mumbari ya kama sunan malami ɗan'uwansa ya fitar da shi daga addini, almajirai su yanka wurin su watsa a Facebook da WhatsApp kafin a sallame sallar la'asar. Mun kuma ga misalinsa a tsakanin ƙasashe. Bayan sojoji sun kifar da gwamnatin Muhammad Bazoum a Nijar ranar 26 ga Yuli, 2023, kwana huɗu kacal ƙungiyar ECOWAS ta ba da wa'adin mako guda tare da barazanar amfani da ƙarfi, aka rufe iyaka, kuma ba a buɗe ta daga ɓangarenmu ba sai a Maris na 2024. Ba na goyon bayan juyin mulki, amma maganar da aka furta cikin gaggawa a Abuja, mutanen Maigatari ne suka biya kuɗinta, su da suke da surukai da gonaki da abokan ciniki a ƙetaren iyakar. Waɗanda suka fara samun ƙofa a Yamai a watan Agusta na 2023 kuwa su ne masu rawani da tawagar malamai, waɗanda suka je da sallama da tausasan kalmomi.

Saboda haka roƙona ga iyaye da waliyyai a Gumel da Maigatari da Gagarawa da Sule Tankarkar shi ne, idan za a nemi izinin yarinya, a tura mata gwaggo ko yaya ko wata dattijuwa da take sakewa da ita, su keɓe, a gaya mata ƙarara cewa tana da damar ta ce a'a kuma ba za a yi fushi da ita ba, sa'an nan a dawo wa maza da abin da ta faɗa ba tare da an gyara shi ba. Uwaye su gaya wa 'ya'yansu tun ciki yana ƙarami cewa zuwa awo ba rashin kunya ba ne, kuma da zarar ciwo ya fara a faɗa. Mazaje su bar izinin tafiya asibiti a hannun mutanen gida tun kafin ranar ta zo, su tanadi kuɗin mota da lambar direba. Limamai kuwa, waɗanda suka sha karanta mana babin illolin harshe a watan azumi, su ƙara mana da babin wajibcin saurare, kuma idan an zo ɗaurin aure su tambayi waliyyi a bainar jama'a wace ce ta ji ta bakin amarya, da kuma abin da amaryar ta ce.