Darasin da ke cikin rayuwar Gertrude Bell ga 'ya'yanmu mata na Mansur

Duk wanda ya ratsa unguwar Mansur a Makka bayan la'asar, zai ji Hausa tana tashi ta kowace kusurwa, wajen masu tsire da masu sayar da kayan miya. Amma in ya shiga cikin gidajenmu, sai ya tarar kaka tana magana da Hausa, jika tana ba ta amsa da Larabci, wasu yaran ma ɓoye Hausar suke yi don gudun kada a kira su Takari. Wannan ne ya sa muka ga ya dace mu tuna wa junanmu labarin wata Baturiyar Ingila mai suna Gertrude Bell.

An haife ta a 1868, ta karanta tarihi a Jami'ar Oxford inda ta fita da sakamako mafi daraja a 1888. Ta iya Larabci da Farisanci da Faransanci da Jamusanci, ta kuma shafe shekaru tana ratsa hamada a kan raƙumi, tana zama a tantunan shehunan ƙabilu tana rubuta wane ne ɗan wane, wa ke gaba da wa, ina rijiyoyi suke. A 1914 ta isa Ha'il, inda gidan sarautar Al Rashid suka tsare ta na 'yan kwanaki kafin su sallame ta.

Da Yaƙin Duniya na Ɗaya ya yi tsanani, sai aka kira ta ofishin leƙen asirin Ingila da ke Alƙahira a ƙarshen 1915. Aikinta shi ne tattara abin da ta sani game da ƙabilun Larabawa domin amfanin sojojin ƙasarta. A watan Yunin 1916 Sharif Husaini ya yi wa Turkawa tawaye daga nan cikin Makka da goyon bayan Ingila. Ita kuwa a lokacin tana Basra, daga baya ta koma Bagadaza, inda mutanen gari suka riƙa kiran ta Al-Khatun. Tana cikin waɗanda suka tsaya kai da fata har aka naɗa Faisal ɗan Sharif Husaini sarautar Iraƙi a 1921. Ta rasu a Bagadaza a 1926, bayan ta kafa gidan tarihin birnin.

Ba yabon aikinta ya kawo mu ba, domin mulkin mallaka ta yi wa hidima, kuma Iraƙi ta daɗe tana ɗanɗana kuɗar tsarin da aka gina a wancan zamani. Abin lura shi ne da me ta yi aikin. Ba ta jagoranci runduna ba, harshen mutane ta koya har suka saki jiki da ita. Mu Hausawa mun fi kowa sanin wannan. Heinrich Barth ya shiga Kano a 1851 da sunan Abdulkarim. Schön ya wallafa ƙamus na Hausa a 1876, Robinson ya isa Kano a 1894 yana tattara kalmomi, sannan a 1903 sojojin Lugard suka ci birnin. Faɗuwar Sakkwato da yaƙin Burmi a wannan shekarar ne suka sa kakannin da yawa daga cikinmu yin hijira gabas, wasu suka yada zango a Mai Wurno ta Sudan, wasu suka ƙaraso Hijaz.

To, in har baƙo ya san darajar harshenmu haka, mu me ya sa muke wofintar da shi? Yarinyar da ta tashi a Mansur tana samun Larabci da Hausa a kyauta, abin da wasu ke biyan kuɗi a jami'a don su samu. Wani zai ce Larabci ne ke kawo aiki a Saudiyya, kuma ba mu musa ba. Sai dai duk shekara dubban alhazai mata na Najeriya da Nijar da Gana suna zuwa, kuma da yawansu ba za su iya yi wa likita bayanin ciwonsu ba sai da tafinta, macen kuma ta fi sakewa da 'yar'uwarta mace. A 2020 Hausa tana cikin harsuna 10 da aka fassara huɗubar Arfa da su. Irin wannan aiki wa ya fi cancanta da shi in ba 'ya'yanmu ba?

Kuma ba sai mun je Ingila neman abin koyi ba. Nana Asma'u 'yar Shehu, wadda ta rasu a 1864, ta yi rubutu da Larabci da Fulatanci da Hausa, ta kafa 'Yan Taru suna shiga ƙauyuka suna karantar da mata.

Kiranmu ga iyaye shi ne a riƙa yi wa yara Hausa a gida, a kuma koya musu rubuta ta da karanta ta, ko da boko ko da ajami. Dattawa da masu hali su ɗauki nauyin 'yan matan da suka nuna ƙwazo har su ƙware a fassara. Kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Allah Ya sa mu dace.